Janye ƙara ba janye cuta ba ne: jawabin da anka yi a taron ƙungiya



Da yawa cikinmu sun san Abijan, ko sun je ci-rani ko suna da ɗan'uwa can. Labarin wannan birni zan ba ku yau.

A watan Agusta na 2006 wani jirgin ruwa mai suna Probo Koala, wanda kamfanin Trafigura ya yi haya, ya tsaya tashar Abijan da dattin mai a cikinsa. Tun farko a Amstadam ta ƙasar Holand anka so sauke shi, amma kamfanin ya ga kuɗin gyaran dattin sun yi yawa. Sai wani ƙaramin kamfani na Abijan ya kwashe shi da dare cikin manyan motoci, fiye da lita dubu 500, ya zuba a wurare kamar 18 cikin gari. Mutane sunka tashi da wari, da amai, da ciwon kai. Fiye da mutum dubu 100 sunka je likita, hukuma ta ce aƙalla 15 sun rasu.

An kama manyan kamfanin, an shiga shari'a. Amma a Fabrairu 2007 gwamnati ta yi sulhu da su: kamfanin zai biya kamar miliyar 100 na sefa, gwamnati ta yafe kowace ƙara, ta yanzu da ta gaba. Anka saki mutanen, kamfanin kuwa bai amsa laifi ba. Waɗanda sunka sha gubar, ba a zauna da su ba kafin a sa hannu.

Sai da mutum wajen dubu 30 sunka kai kuka Landan. A 2009 nan ma anka sasanta, kowa zai samu kusan fam 1000, amma dubbai ba su ga nasu ba. Sai a 2023 kotun Afirka da ke Arusha ta ce gwamnatin ta tauye hakkin jama'arta. Shekara 17 ke nan!

Jama'a, sulhu alheri ne, kuma shari'a tana cin kuɗi da lokaci. Amma rijiya da gulbi da iska na kowa ne, har da jikokin da ba a haifa ba. In wata rana anka ɓata mana ruwa ko gona munka kai ƙara, kada mutum biyu ko uku su janye ta cikin ɗaki. A kira taro, a karanta takardar da Hausa kowa ya ji. A rubuta wa zai kwashe dattin, da ranar gamawa, da wa zai biya magani. A yi jerin waɗanda abin ya shafa, kowa ya amshi nasa gaban shedu. Kuma kada mu yarda da sharaɗin rufe baki har abada, don wata cutar sai an jima take fitowa.

Allah shi kiyaye mu, shi ba mu damana mai albarka.