Lacca: Sauro, Kotu da Alhakin Hukuma

Kowace damina, in ruwa ya kwanta a lungunan Potiskum, saƙo iri ɗaya ke isa ga 'yan garin da ke neman abinci a Ikko da Badun da Fatakwal: yaro ba lafiya, a aiko da kuɗin magani. Fataken shanu da direbobin manyan motoci sun san wannan saƙo sarai. Hukumar Lafiya ta Duniya ta nuna cewa kimanin kashi ɗaya cikin huɗu na masu kamuwa da zazzaɓin cizon sauro a duniya 'yan Nijeriya ne, kuma ƙananan yara ya fi hallakawa. To, alhakin wa ne?

A zamanin En'e amsar ba ta da wuya. Duba-gari ya leƙa randa, in ya ga 'ya'yan sauro sai a kai maigida gaban alƙali a ci shi tara. Watau talaka ne kaɗai ake tuhuma. Abin tambaya yanzu shi ne ko talaka shi ma yana da ikon kai hukuma ƙara in ta bar magudanar ruwa ta toshe, ko ta bar asibiti ba magani.

Sashe na 17 na Tsarin Mulkin 1999 ya ce gwamnati ta himmatu wajen samar wa kowa isassun hanyoyin kula da lafiya. Amma fa sashe na 6 ya hana kotu tilasta abin da ke cikin wannan babi. Tun 1981, a shari'ar Okogie da Gwamnatin Jihar Ikko, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce masu hukunci a irin wannan al'amari su ne majalisa da masu jefa ƙuri'a.

Duk da haka ba a rufe ƙofa gaba ɗaya ba. Yarjejeniyar Afirka ta Haƙƙin Ɗan Adam ta tabbatar da haƙƙin lafiya a sashe na 16, kuma a 2000, a shari'ar Abacha da Fawehinmi, Kotun Ƙoli ta ce yarjejeniyar dokar ƙasa ce. A 2004 Babbar Kotun Tarayya ta Fatakwal ta dogara da ita ta ce wajibi ne hukuma ta yi wa fursunoni marasa lafiya magani. Sa'an nan Dokar Lafiya ta Ƙasa ta 2014 ta ware aƙalla kashi 1 cikin 100 na kuɗin shigar Tarayya domin kula da lafiya tun daga tushe. Bugu da ƙari, a watan Yuli na 2024 Kotun Ƙoli ta yanke cewa a riƙa biyan ƙananan hukumomi 774 kasonsu kai tsaye. Kwashe shara da tsabtace magudanai aikinsu ne bisa Tsarin Mulki.

Saboda haka ƙungiyoyin 'yan Potiskum mazauna Kudu suna da abin yi. Kuɗin da suke tarawa na taimakon juna ya isa a ɗauki lauya ya rubuta wa Ƙaramar Hukuma da Ma'aikatar Lafiya a Damaturu, bisa Dokar 'Yancin Samun Bayani ta 2011, yana tambaya: nawa aka karɓa, wace kwata aka yashe, yara nawa suka sami maganin rigakafin da ake rabawa wata-wata a damina? Dokar ta ba su kwana 7 su amsa, in sun ƙi, hanyar kotu a buɗe take.

Lalle alƙali ba ya kashe sauro. Gidan sauro da tsabtar gida suna nan a wuyan maigida. Amma hukumar da ta san za a tambaye ta lissafi ba ta barin kwata ta toshe har damina ta faɗi. Allah ya kiyaye mana yaranmu, amin.