KWAT MAI RUWAN TOKA: NASIHA GA SAMARINMU MASU NEMAN AIKI

Jawabin da aka gabatar a taron wata-wata na ƙungiya, Iyana Ipaja

 

Wataƙila wasu su yi mamaki, su ce me ya haɗa mu da zancen kwat, mu da muka tashi cikin jamfa da babbar riga? To, abin da ya kawo maganar shi ne wani abu da ya faru da wani yaronmu kwanakin baya. Yaron nan ya yi karatu, ya gama hidimar ƙasa, aka kira shi ganawar neman aiki a wani kamfani a Ikeja. Sai ya ari kwat wajen abokinsa, wanda ya fi shi jiki nesa ba kusa ba. Kafaɗa ta zubo, hannun riga ya rufe masa yatsu, wando yana sharar ƙasa, ga farar safa ta 'yan ƙwallo. Ya dawo ya ce mana tun shigarsa ya ga ana kallonsa ana murmushi, sai gabansa ya faɗi, abin da ya sani ma ya kasa faɗa. Aikin bai samu ba. Arziki na Allah ne, mun sani, amma laifin namu ne iyaye, don babu wanda ya zaunar da shi ya nuna masa. Zanen aro kuwa ba ya rufe katara.

Jama'a, zamani ya juya. Kakanninmu sun sauka Agege ne saboda goro, musamman bayan da jirgin ƙasa ya haɗa Ikko da Kano wajen shekarar 1912. Mai sayen goro ba ruwansa da rigarka, huhunka yake dubawa. Yau kuwa 'ya'yanmu da jikokinmu suna neman aiki a bankuna, da kamfanonin Ikeja, da sakatariyar Alausa. Sansanin masu hidimar ƙasa na jihar nan ma a nan Iyana Ipaja yake, kullum muna ganinsu. Wuraren da suke nema ɗin nan da yawansu kwat suke so a sa. Saboda haka mu daina yi wa yaro ba'a muna ce masa Bature don ya sa kwat. Kayan aiki ne, kamar yadda mahauci a Oko-Oba yake da nasa, direba yake da nasa.

Wannan ba ya rage darajar tufafinmu ko kaɗan. Marigayi Abubakar Tafawa Ɓalewa da babbar riga da hula ya tsaya gaban Majalisar Ɗinkin Duniya a watan Oktoba na 1960, duniya ta saurare shi. Babbar riga ita ce ta Juma'a, ta Idi, ta ɗaurin aure. Amma in har aiki ya sa yaro zai sa kwat, to ya sa ta yadda masu ita suke sawa, kada a raina shi.

Me ya sa muka ce mai ruwan toka? Domin wanda kwat ɗaya zai iya mallaka, ita ce ta fi yi masa amfani. Baƙa an fi saninta da lauyoyi masu zuwa kotu, kuma ƙura kaɗan ta hau ta sai ta tona asiri. Wanda ya taɓa tsayawa jiran mota a Iyana Ipaja da hunturu ya san abin da muke nufi. Fara kuwa ko mai ruwan madara, shiga danfo ɗaya ya ishe ta. Ruwan toka yana ɓoye ƙura, yana karɓar kowace irin taguwa. A nemi toka mai duhu, kamar gawayi, ita ce ta ofis. Mai haske ta fi dacewa da biki da rana.

Sai wajen saye. Alhamdu lillahi, ba sai an haye gada zuwa cikin Ikko ba. Ga kasuwar Katangowa nan kusa da mu a Abule Egba, inda 'yan uwanmu da yawa suke fasa dilar gwanjo. Mu da muka daɗe a harkar ga abin da muke dubawa. Na farko kafaɗa: ɗinkin ya tsaya daidai inda ƙashin kafaɗarka ya ƙare. Tela zai iya rage hannu, ya rage ciki, ya rage wando, amma gyaran kafaɗa wuya gare shi, ga tsada. In kafaɗa ba ta zauna ba, ajiye ta komai araharta, araha ba ta ado. Na biyu, kwat da wando su zama yadi ɗaya. A gwanjo sau da yawa akan haɗa na wannan da na wancan, to fito da su rana ka gwada, don ruwan toka iri-iri ne. Na uku, juya ta ka duba shafi, da hamata, da bakin aljihu, ka ɗaga ta sama ka ga ko asu ya huda. Na huɗu, yadi. Yawancin kayan nan daga ƙasashen sanyi suke zuwa, wata kwat ɗin kamar bargo take. Nemi ulu marar nauyi. Yadin roba mai ƙyalli kuwa, kafin ka kai Oshodi ka jiƙe sharkaf.

To, yadda ake sawa. Taguwa fara ko shuɗiya mai haske, a goge. Hannun taguwar ya ɗan leƙo daga na kwat, kamar faɗin yatsa. Laktaye mai duhu, ja ko shuɗi, marar hayaniyar zane, bakinsa ya tsaya a kan bel. Takalmi baƙi sau-ciki, bel baƙi, safa mai duhu. In kwat mai maɓalli biyu ce, na sama kaɗai ake ɓallawa, na ƙasa a bar shi, in za ka zauna kuma ka kwance duka. Sannan ɗan ƙyallen nan mai sunan kamfani da ake ɗinkawa a bakin hannu, cire shi ake yi, ba ado ba ne. Kada a cika aljihu da waya da makullai har ya kumbura.

Yanzu ga inda ya fi muhimmanci, kuma malamai suna nan, in mun yi kuskure su gyara mana. Mun koya tun muna Islamiyya cewa an hana namiji sa alharini da zinariya. Laktaye masu tsada da yawa na alharini ne, to a juya baya a karanta ɗan rubutun, a ɗauki wanda ba shi ba. Haka nan maɓallin hannu na zinariya. Wando kada ya ja ƙasa, tela ya tsayar da shi a idon sawu. Kada kuma ya matse har mutum ya kasa sujada. Abin da muke yawan gani a sahu shi ne yaro ya yi ruku'u, taguwa ta zame, bayansa ya fito. Al'aurar namiji kuwa daga cibiya ne zuwa gwiwa. Maganinsa taguwa mai tsawo da singileti a ciki, a cusa da kyau. In lokacin salla ya yi, cire kwat ka rataye, naɗe hannu ka yi alwala. Kwat ba ta ɗauke wa kowa azahar.

Kulawa kuma: kada a jiƙa ta a bokiti a murza, lalacewa take yi. In an dawo a kaɗe ta, a rataye ta sha iska. Wajen guga a shimfiɗa ƙyalle mai ɗan danshi a kai, in ba haka ba ta yi ƙyalli. Da damina, danshin garin nan yana sa fumfuna, sai a riƙa fito da ita, a sa kafur a ma'ajiya.

A ƙarshe, muna roƙon 'yan uwanmu masu fasa dila, in kun ci karo da mai kyau, ku ware wa yaranmu da suka gama karatu, ku bar musu a kan kuɗin da kuka saya. Telolinmu su sassauta wajen gyara. Mu iyaye kuma, ranar da yaro zai je ganawa, mu tsayar da shi mu dube shi daga sama har ƙasa, mu sa masa albarka, sannan ya fita. Ku kuma samari, ranar Juma'a ofisoshi da yawa suna barin kayan gida. Ku sa kaftaninku da hularku, a san daga inda kuka fito.

Allah ya yi wa zuri'armu albarka, ya ba su aikin halal, ya zaunar da mu lafiya da masu masaukinmu.