Idan Kwamfuta Ta Ce Fayil Ya Ɓace

 

Yau maganar kwamfuta za mu yi. Ɗalibi na tsakiyar aikin kammala digiri, ya danna manhaja, sai wani ɗan akwati ya fito a allo: an rasa MSVCP140.dll. Manhaja ta ƙi buɗewa. Gabansa ya faɗi.

Ɗan uwa, kwantar da hankalinka. Rubutunka yana nan. Fayil ɗin DLL kamar rijiyar unguwa yake, manhajoji da yawa a nan suke ɗiba. In ya lalace, duk su tsaya.

Me ke lalata shi? Ɗauke wuta ana cikin sa manhaja. Filashin da ya zaga shagunan buga takardu ya kwaso cuta. Ga kuma manhajar sata, wadda ita ma takan jawo wannan ciwon kai.

To, ina mafita? Cire manhajar, ka sake sa ta. In ta ƙi, wannan fayil yana cikin ƙunshin Visual C++, kuma kyauta ne a shafin Microsoft. Windows ma tana da umarnin sfc mai gyara nata fayilolin.

Roƙona ɗaya ne. Kada ka sauke fayil ɗin daga shafin da ba ka sani ba. Kada ka sauke, a nan cuta ke ɓuya. Kuma kafin ka kai wa mai gyara, ka kwafe aikinka a wani wurin, domin wasu masu gyaran goge komai suke yi.