Raha da Gaskiya a Finafinan Michael Moore



Yau za mu yi magana a kan Michael Moore, ɗan jaridar Amurka da aka haifa a garin Flint a 1954. Da kamfanin motoci na General Motors ya rufe masana'antunsa a garin, dubban ma'aikata suka rasa abin yi, sai Moore ya tattara 'yan kuɗinsa, ya ɗauki kyamara, ya shiga farautar shugaban kamfanin, Roger Smith, don ya zo ya ga ɓarnar da idonsa. Masu gadi na korarsa, 'yan kallo na dariya. Fim ɗin, Roger & Me, ya fito a 1989. A 2004 kuwa, Fahrenheit 9/11, wanda ya caccaki Shugaba Bush kan yaƙin Iraƙi, ya ci babbar kyautar bikin finafinai na Cannes.

Amma fa mu lura. Masu suka sun nuna cewa a fim ɗin farko ya sauya jerin aukuwar al'amura don labari ya yi armashi, nan abokan hamayya suka sami abin kamawa. Raha takan tara wa gaskiya jama'a, amma in aka tanƙwara gaskiya dominta, mai laifi ne ke cin riba.