Kalmar "Rajista": Ma'anoninta da Nauyin da Ta Ɗora wa Ɗan Gumel Mazaunin Birni

Jawabin da aka gabatar a taron shekara-shekara na ƙungiya

    

Gabatarwa

Duk wanda ya shigo wannan zaure da safiyar yau ya tarar da teburi a bakin ƙofa, da littafi a buɗe, da wani matashi yana tambaya, "Ranka ya daɗe, an yi rajista?" Babu ɗaya daga cikinmu da ya nemi a fassara masa tambayar, domin kalmar ta daɗe da zama 'yar gida a bakin Bahaushe. A kan wannan kalma aka umarce mu da mu yi tsokaci. Za mu dubi asalinta da ma'anoninta, da dalilin da ya sa iyayenmu suka guje ta, sa'an nan mu dubi abin da take nema daga gare mu, mu 'ya'yan Gumel da Maigatari da Gagarawa da Sule Tankarkar da neman abinci ya kai mu birni.

Asalin Kalmar da Ma'anoninta

Daga kalmar Ingilishi "register" muka aro ta. Su ma Ingilishi aro suka yi ta hanyar Faransanci, tushenta kuma kalmar Latin ce, "regesta", wato abubuwan da aka rubuta aka adana. Da ta iso ƙasar Hausa sai harshe ya yi mata abin da ya yi wa direba da kafinta da lebura da minista: ya mayar da ƙarshenta wasalin "a". Ta shiga jinsin mace, shi ya sa muke cewa rajistar zaɓe, rajistar mota. Wasu kan ce "rijista", kuma duk ɗaya ne. A Ingilishi kalmar suna ce kuma aikatau ce, amma Hausa suna kaɗai ta karɓa, sai ta jingina shi da aikatau nata na gida: a yi rajista, a sabunta rajista, a soke rajista.

Ma'anoninta a bakinmu sun kai biyar. Ta farko, littafin da ake rubuta sunaye, kamar wanda malamin aji ke buɗewa kowace safiya ya kira ɗalibai. Ta biyu, shi kansa aikin shigar da suna, a makaranta ko asibiti ko wurin zaɓe. Ta uku, shaidar amincewar hukuma, kamar a ce kamfani mai rajista ko magani maras rajista. Ta huɗu, tsohuwar ma'anar gidan waya: wasiƙa mai rajista ita ce wadda ba a miƙa ta sai mai karɓa ya sa hannu. Ta biyar kuwa ɗalibanmu ne suka fi saninta, wato kuɗin, domin idan yaro ya bugo waya ya ce bai biya rajista ba, kowane uba ya gane nufinsa.

Akwai ma'anonin da muka bar wa masu kalmar. A wurinsu na'urar lissafin ciniki a kanti ma da wannan suna ake kiranta. Masana harshe kuma suna amfani da ita ga salon magana gwargwadon muhalli, kamar bambancin maganar fada da ta 'yan kara a kasuwar Maigatari ranar Alhamis. Jami'in da ke riƙe da rajista a jami'a ko kotu kuwa ba mu rasa sunansa a gida ba, domin muna da magatakarda tun kafin zuwan Turawa.

Idan aka tattara ma'anonin nan biyar za a ga abu guda ya ɗaure su. A kowace rajista akwai ɓangare biyu: mai littafi ya amince da kai, kai kuma ka ɗauki wani nauyi. Saboda haka rajista alkawari ne da aka rubuta.

Dalilin da Iyayenmu Suka Guje Ta

Mu da muka yi boko mukan yi saurin ɗora wa mutanen karkara laifin jahilci idan suka ƙi ba da sunansu. Adalci shi ne mu tuna abin da rubuta suna ya jawo musu. Bayan Turawan Ingila sun mamaye wannan yanki a 1903, littafin da talaka ya fara sani shi ne na malamin haraji, wanda ke bin unguwa-unguwa yana rubuta kowane baligi. Makiyayi kuwa da ƙidayar jangali ya san hukuma, saniya-saniya. Da sunayen da aka rubuta aka riƙa ɗibar mutane aikin dole a Arewa, irin na haƙar kuza a Jos tsakanin 1942 da 1944. Haka nan idan aka ce dagaci ya kawo yara makarantar boko, sai a ɓoye wasu a rumbu, a tura wasu gabas karatun allo. Wanda ya ga cewa duk ranar da alƙalami ya taɓa sunansa sai ya yi asarar kuɗi ko dabba ko ɗa, gudunsa ba wauta ba ce.

Sai dai zamani ya juya. A 1979 Gwamna Muhammadu Abubakar Rimi ya soke haraji da jangali a tsohuwar Jihar Kano, wadda muke cikinta har zuwa ranar 27 ga Agusta, 1991, da aka ƙirƙiro Jihar Jigawa. Littafin da a da ake buɗewa don a karɓa, yanzu shi ake dubawa idan za a raba. Ga mai ganin abin baƙo ne kuma, sai mu tunatar da shi cewa tun zamanin Khalifa Umar ɗan Haɗɗabi aka kafa diwani, inda aka rubuta sunayen mutane domin kowa ya sami rabonsa daga baitulmali. Harajin ya tafi, amma tsoron ya saura a zukatan wasu, kuma yau tsoron ne ke cutar da mu.

Rajistar da Ta Shafe Mu

Mu fara da ƙidayar jama'a. A ƙidayar watan Maris na 2006 an sami mutum fiye da miliyan 140 a Nijeriya, fiye da miliyan 4.3 a Jigawa, ƙananan hukumominmu huɗu kuma kimanin rabin miliyan. Wadda aka shirya yi a 2023 an ɗage ta. Yawan jama'a yana cikin ma'aunan rabon kuɗin tarayya da na yanka mazaɓu, kuma ƙananan hukumomin nan huɗu kujera guda suke da ita a Majalisar Wakilai. Ita ƙidaya inda aka tarar da mutum nan ake rubuta shi, don haka mu mazauna birni a lissafin Kano ko Legas muka faɗa. Ke nan duk rugar da aka tsallake a gida, da duk maigidan da ya ɓoye iyalinsa, gurbi ne da babu mai cike shi.

Na biyu, rajistar haihuwa. Dokar 1992 ta wajabta rubuta kowace haihuwa da mutuwa, ta ɗora aikin a kan Hukumar Ƙidayar Jama'a ta Ƙasa, ta kuma ba da kwana 60 bayan haihuwa. Duk da haka da yawanmu a nan da takardar rantsuwar kotu muka san shekarunmu, shi ya sa za a tarar da abokai biyar duk ranar 1 ga Janairu aka haife su. Ga mutanen bakin iyaka irinmu wannan ba abin dariya ba ne. Tumbi, tsohon mazaunin sarautar Gumel, yau a cikin Jamhuriyar Nijar yake, kuma da wuya a sami gida a Maigatari da ba shi da dangi a ƙasar Damagaram. Wannan zumunci abin alfahari ne, amma a gaban jami'in da bai san tarihinmu ba yakan zama abin tuhuma, har a tambayi ɗan ƙasa ya kawo shaidar cewa shi ɗan ƙasa ne. Dattawa a cikinmu ba su manta da Alhaji Shugaba Abdurrahman Darman ba, shugaban masu rinjaye a Majalisar Dokokin Jihar Borno, wanda aka kora zuwa Chadi a 1980 da sunan baƙo ne, sai da kotu ta mayar masa da haƙƙinsa. Idan haka ta sami mai muƙami, ina ga ɗan manomin riɗi da ba shi da ko takarda ɗaya?

Na uku, lambobin zamani. A 2007 aka kafa Hukumar NIMC mai ba da lambar ɗan ƙasa, a 2011 aka shiga rajistar layukan waya, a 2014 bankuna suka kawo BVN, a watan Disamba na 2020 gwamnati ta umarci a haɗa kowane layi da lambar ɗan ƙasa, daga 2021 kuma Hukumar JAMB ta sa lambar cikin sharuɗɗan rajistar jarrabawarta. A nan ne wata tsohuwar al'adarmu ta zame mana tarko. Mutum ɗaya ne Sule a gida, Sulaiman a firamare, Suleiman a banki. A wata takarda sunan mahaifinsa ne a ƙarshe, a wata kuma sunan garinsu. Malamin da zai gane cewa duk mutum guda ne, amma kwamfuta ba ta san alkunya ba, harafi ɗaya ya isa ta ce mutum biyu ne. Mun ga ɗalibi mai ƙoƙari da shekara ta wuce shi saboda haka, mun kuma ga dattijon da kuɗin fanshonsa suka maƙale yana ta zirga-zirga da tsufansa.

Na huɗu, rajistar zaɓe. A zaɓen tarayya na 1959 maza kaɗai suka jefa ƙuri'a a Arewa. Iyayenmu mata sai a 1976 suka sami wannan dama. Abin da aka daɗe ana jira bai kamata a wofintar da shi ba. Doka ta ba ɗan shekara 18 damar yin rajista a inda yake zaune, ko inda yake aiki, ko inda asalinsa yake, amma sau ɗaya tak, kuma mai son mayar da rajistarsa gida yana da hanyar neman sauyi. A zaɓen shugaban ƙasa na 2023 mutum fiye da miliyan 93 ne a cikin rajista, amma waɗanda suka fito kimanin miliyan 25 ne. Saura sun rubuta suna, sun bar alkawarin.

Shawarwari

Da farko, mu haɗa rajistar haihuwa da al'adar da muka saba. Ran bakwai a yanka ragon suna, kafin mai jego ta yi arba'in a karɓo takarda, domin arba'in tana cikin kwana 60 ɗin nan. Duk wanda ya aika gudummawar suna daga birni ya bi ta da tambayar ko an rubuta jaririn. Muna roƙon masu unguwanni da limamai da ungozomai su taya mu wannan kira.

Na biyu, kowane magidanci ya zauna da takardun 'ya'yansa da na ƙannensa, ya tsayar da suna ɗaya, rubutu ɗaya, ranar haihuwa ɗaya, tun yaro yana firamare. Rigakafi ya fi magani, kuma gyaran takarda a shekarar jarrabawa ya fi tsada da ɓacin rai.

Na uku, gonaki da filayen gado. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta ba ƙaramar hukuma ikon ba da shaidar mallaka ta gargajiya a karkara. Dattawan da suka san iyaka daga tsamiya zuwa kuka suna ƙarewa, magada kuma suna birni. A rubuta tun masu shaida suna raye.

Na huɗu, ƙungiya ta keɓe wasu ranaku a hutun Sallah, ɗalibanmu na Kwalejin Ilimi ta Gumel da na jami'o'i su shiga ƙauyuka su taimaka wa tsofaffi da mata wajen cike takardu, ba tare da karɓar ko kwabo ba.

Kammalawa

Bari mu koma kan teburin bakin ƙofa. Littafin da ke kansa cike yake da sunaye masu nauyi: likitoci, lauyoyi, manyan ma'aikata, 'yan kasuwa. Amma ma'ajin ƙungiya yana da wani littafin, na kuɗin wata-wata, sakatare kuma yana da na masu halartar taro, kuma dukkanmu mun san waɗannan biyun ba su kai na farko kauri ba. Ba mu da bakin da za mu ce wa manomi a Gagarawa ya cika alkawarin rajistarsa alhali namu yana nan a buɗe. Magabata sun ce kowa ya bar gida, gida ya bar shi. Saboda haka muna roƙon kowane ɗayanmu, kafin ya kama hanyar birni, ya sake tsayawa a teburin nan, ya duba sunansa, ya biya abin da ake bin sa, ya kuma rubuta aikin da zai ɗauka wa garinsu a bana.

Allah ya ja zamanin Sarki, ya ba ƙasar Gumel lafiya da damina mai albarka, ya mayar da kowa gidansa lafiya.