Kukawa da Safe, Baga da Azahar: Jawabi a Kan Yawon Buɗe Idon Yaranmu

 

An umurce ni da in yi magana a kan shawarar da kwamitin ilimi ya kawo, wato ta a farfaɗo da tafiyar nan ta yini ɗaya da muke kai yara a da. Abin da ya sa aka ɗora mini kuwa shi ne, lokacin da nake koyarwa ni ne na riƙa yi wa tafiyar ja-gora, daga 1993 har zuwa 1998. Na ji wasu na cewa almubazzaranci ne, wasu na cewa ganganci ne. Masu maganar ganganci suna da gaskiyarsu, zan zo kanta. Amma bari in fara da gaya wa waɗanda ba su sani ba yadda abin yake.

Da hunturu muke yi, domin lokacin ne ruwan Tafkin Cadi yake cika ya matso kusa da Baga. Ana idar da sallar asuba sai mu cika mota a Hausari, kowane yaro da ƙullin abincinsa da littafin rubutu. Mu bi ta Tashar Baga, mu wuce Gajiganna da Gajiram, mu sha shayi a Monguno, sa'an nan mu nufi Kukawa. Daga nan Maiduguri zuwa Baga tafiyar ta kusa kilomita 200, saboda haka ba a wasa da lokaci. A Gajiganna ma nakan sa direba ya rage gudu in nuna musu tuddai, domin a shekarun nan ne masana daga Jami'ar Maiduguri da ta Frankfurt ta Jamus suke tono a wajen, suna samun tukwane da kayan mutanen da suka zauna nan fiye da shekara 3,000 da suka wuce.

To, Kukawa. Wanda ya je da tsammanin zai ga dogayen gine-gine, zai dawo yana cewa an cuce shi. Gini na ƙasa ne, ƙasa kuwa ta koma ƙasa. Abin da za ka gani shi ne tudun tsohuwar ganuwa, da fili fetal, da hubbaren Shehunai. Shi ya sa wannan tafiya ba ta yiwuwa sai da mai bayani. Mukan nemi wani dattijo Babarbare daga cikin masu kula da hubbaren, ya yi da Barbarci, ni in juya da Hausa, ko da yake rabin yaran sun fi ni jin Barbarcin.

A nan ne yaro zai ji cewa bayan da mayaƙan jihadi suka ci Birnin Gazargamu a 1808, birnin da Mai Ali Gaji ya kafa, wanda ya yi fiye da shekara 300 yana hedkwatar Borno, sai Shehu Muhammadu El-Aminu El-Kanemi, wanda muke kira Shehu Laminu, ya tsaya wa ƙasar, ya kafa Kukawa a 1814. Sunan ma daga itacen kuka ya samo asali, kun ga kunnen Bahaushe bai buƙatar tafinta. Bayan da mutanen Wadai suka rusa garin a 1846, ɗansa Shehu Umar ya sake gina shi gari biyu, kowanne da ganuwarsa. Na gabas na Shehu da fadawansa, na yamma na talakawa da fatake, da fili a tsakaninsu. Nakan tsayar da yara a wajen na yamma in ce musu, to, ga inda kakanninku suke sauke kaya. Fataken Kano suna kawo turkuɗi da baƙaƙen riguna da goron Gwanja, su koma da kanwa da dawakai. Wato zuwan Bahaushe Borno ya girmi Maiduguri kanta nesa ba kusa ba, domin sai a 1907 ne Shehu Abubakar Garbai ya tare a Yerwa, bayan Rabe ya ƙone Kukawa a 1893 ya koma Dikwa, Faransawa kuma suka kashe shi a Kusuri a 1900.

Akwai labari ɗaya da ban taɓa tsallakewa ba, domin shi ne yake sa yara su yi tsit. A 1851 wasu Jamusawa biyu masu yi wa Ingila aikin bincike, Barth da Overweg, suka iso Kukawa daga Tarabulus. Shi Barth shi ne ake kira Abdulkarim. Sun taho da jirgin ruwa guda, an rarraba shi gunduwa-gunduwa an ɗora wa raƙuma, aka ratsa Sahara da shi. Ku duba wannan naci, jama'a! Overweg ya sa aka harhaɗa shi, ya shiga tafkin, ya zaga tsibiran Buduma. A nan Kukawa ne kuma ya 'yanta wasu yara biyu bayi, Abbega wanda yake Margi, da Dorugu, Bahaushe daga ƙasar Damagaram. Da Overweg ya mutu a 1852 sai yaran suka bi Barth, ya je da su Tambutu, a 1855 ya wuce da su Turai. Daga bakin Dorugu ne wani Bature mai suna Schön ya rubuta labarai masu yawa da ke cikin littafin Magana Hausa, ɗaya daga cikin littattafan Hausar boko na farko-farko. Dorugu ya dawo, ya rasu a Kano a 1912. Abbega kuwa har sarautar Lakwaja ya yi. Ba na ɓoye wa yara cewa a kasuwar nan da kakanninmu suke sayar da goro, har mutane ake sayarwa, kuma cikin masu saye da waɗanda ake sayarwa duk akwai namu. Wani uba ya taɓa yi mini ƙorafi a kan haka. Na ce masa, Alhaji, gara ya ji daga bakinmu.

Daga nan sai Baga, mu yi azahar, mu ci abinci, mu gangara Doro. Tun kafin ka ga ruwa warin banda zai tarye ka. Ga tarwaɗa, ga karfasa, ga bargi, an shirya su cikin kwalaye, manyan motoci na jiran lodi zuwa Onica da Inugu da Ikko. Mukan ɗauki hayar jirage biyu masu inji, mu bi ta wata doguwar hanya da aka sare cikin ciyawa, kafin a fita sarari. Yaron da bai taɓa ganin ruwan da ya wuce Ngadda ba, sai ka ga ya riƙe gefen jirgi da hannu biyu yana salati.

A cikin jirgin darasi na biyu yake farawa. Tafkin nan a farkon shekarun 1960 faɗinsa ya kai kimanin murabba'in kilomita 25,000. Farin 1973 da na 1984 suka tsotse shi har ya koma ƙasa da kashi ɗaya cikin goma, ko da yake daga baya ya ɗan farfaɗo. Ba shi da zurfi, shi ya sa da ruwa ya ragu kaɗan sai ya janye tafiya mai nisa, mutane su bi sawunsa suna shuka wake da masara a inda jiya ake jefa birgi. Mafi yawan ruwansa daga Kogin Shari yake zuwa, ta kudu. Amma ta wajenmu akwai Komadugu Yobe, wanda Kogin Haɗeja da na Jama'are suke haɗuwa su zama shi. Kogin Haɗeja kuwa ai Kogin Kano ne da Calawa. Nakan ce wa 'ya'yan Kanawa, ku sa hannu ku taɓa, ruwan garinku ne ya riga ku zuwa. Sa'an nan in gaya musu cewa tun da aka tare shi a Tiga a 1974, da Calawa a 1992, abin da ke isowa ya ragu. Su kuma masunta, da yawansu mutanen Kabi ne da Sakkwato da Haɗeja da suka kwararo a shekarun fari. Ku ji sunayen wuraren: Daban Masara, Tumbun Gini, Dogon Cuku. Wa ya raɗa?

Ba kullum ake kwana a gado ba. A 1996 injin jirgin da nake ciki ya mutu muna tsakiyar ciyawa, ɗaya jirgin ya yi gaba bai sani ba, ga yara goma sha huɗu, ba rigar ruwa ko ɗaya, mai jirgin kuma ashe bai zo da isasshen mai ba. Wani Buduma ne a ɗan kwalekwalensa ya je ya kirawo mana taimako. Ba mu shigo Maiduguri ba sai ƙarfe goma sha ɗaya na dare, muka tarar da iyaye tsaitsaye a bakin titi da fitilu. Laifin nawa ne, domin araha na bi. Tun daga ranar ban ƙara sa yaro a jirgi ba sai na ga mai da idona, kuma sai Sarkin Ruwa ya san da fitarmu.

Yanzu ga maganar masu cewa ganganci ne. Kowa a ɗakin nan ya san abin da ya sami Baga a Afrilun 2013, da kuma Janairun 2015 lokacin da 'yan Boko Haram suka ci garin da Doro. Akwai waɗanda suke zaune tare da mu yau da suka shigo Maiduguri da ƙafa a wancan lokaci, wasu ba su ga 'yan'uwansu ba har yanzu. Allah ya jiƙan waɗanda suka rasu. A 2020 gwamnati ta fara mayar da mutane Kukawa da Baga, amma a shekarar nan har ayarin Gwamna Babagana Zulum aka kai wa hari a hanyar. Saboda haka ni, da bakina, ba zan ce a ɗauki ɗan kowa a kai shi Doro ba, sai ranar da hukuma da mutanen wajen suka tabbatar mana hanya ta yi lafiya. Wanda ya ce in yi, sai ya fara ba ni nasa.

Amma zama haka nan ma akwai hasara a cikinsa. Yaron da aka haifa a 2009 yau ya zama saurayi, bai taɓa wuce shingen sojoji na bakin gari ba sai in za shi Kano. In an ce masa Afuno, ko an ce masa baƙo wajen neman takardar asali, ba shi da abin faɗi sai fushi, domin bai san tarihin zamansa a nan ba, bai kuma san na masu masaukinsa ba balle ya girmama su. Waɗancan da na kai, har yau in mun gamu a Kasuwar Monday labarin Dorugu suke yi mini.

Abin da nake roƙon wannan taro shi ne mu fara da abin da hannunmu zai kai. A nemi izini a kai yara fadar Mai Martaba Shehun Borno da gidan tarihi na nan cikin gari, a nemi malami daga sashen tarihi na jami'a ya yi musu bayani. A gaya musu labarin kwalekwalen Dufuna, wanda wani makiyayi ya ci karo da shi yana haƙar rijiya a 1987, a ƙasar Yobe ta yanzu, masana suka ce ya kai shekara 8,000, wato babu wanda aka sani ya girme shi a Afirka. Daga nan a wuce da su kasuwar kifi ta Tashar Baga, a zaunar da su gaban tsofaffin masuntan Doro da ke gudun hijira a cikinmu, a ɗauki maganarsu a waya, a rubuta, a buga a mujallar nan. Mutanen nan su ne suka san kowace hanya ta cikin ruwan, kuma kullum raguwa suke yi. Maganar shiga jirgi a Alau kuwa, bayan abin da muka gani ranar 10 ga Satumba 2024 da madatsar ta ɓalle ruwa ya ci gidajenmu, ina ganin a dakata tukuna, sai kwamiti ya je ya gani da idonsa, ya kuma tanadi rigunan ruwa.

Kuɗin mota da abinci ba zai gagari ƙungiya ba in kowane mai shago ya ɗauki nauyin yaro ɗaya. Ni na ɗauki biyu, ma'aji ya rubuta. Tsohon littafina na bayanin tafiya yana nan, ruwa ya taɓa shi amma ana iya karantawa, zan miƙa wa sakatare bayan an tashi. Iyaye mata kuma ina roƙo a bar 'yan mata su je, domin a da mun yi kuskuren barinsu a gida.