Titin Ƙofar Mata: Hanya Mai Tarihi a Birnin Kano

Wannan jawabi ne da aka yi wa ɗaliban ajin yaƙi da jahilci, maza da mata. Mun buga shi don amfanin masu karatu.



Yau zan yi muku magana a kan wata hanya guda ɗaya a cikin birnin Kano. Ita ce hanyar da ta tashi daga Ƙofar Mata, ta nufi yamma, ta kai mutum babban Masallacin Juma'a da fadar Sarki. Da yawa daga cikinku sun bi ta, ko don zuwa asibiti, ko don cin kasuwa. Amma kaɗan ne suka san abin da ke gefenta.

Bari mu fara daga ƙofar. Sarki Gijimasu ne ya fara gina ganuwar Kano, kusan shekara 900 da suka wuce. Daga baya Sarki Muhammadu Rumfa, wanda ya yi sarauta daga 1463 zuwa 1499, ya faɗaɗa ta. Ƙofar Mata tana cikin ƙofofin da aka ambata a wannan aiki nasa. Shi ne kuma ya gina fadar da ake kira Gidan Rumfa, ya kafa Kasuwar Kurmi. A wajen ƙofar nan akwai filin Idi. Hawan Sallah na Kano kuwa ya shahara, har a shekarar 2024 hukumar UNESCO ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta sa shi cikin jerin al'adun da ya kamata duniya ta adana.

Da ka shigo ƙofar, sai ka tarar da marina. A jikin allon wurin an rubuta cewa an kafa ta a 1498. Ku lissafa da kanku, ai yanzu kun iya. Ta haura shekara 500.

Yaya ake rinin? Ana haƙa rami mai zurfi, a dalaye cikinsa don kada ruwa ya tsiyaye. A zuba ruwa, a sa toka da katsi, a kawo baba a zuba. Sai a bar shi kwanaki, ana motsawa, har ya nuna. Marini yakan tsoma tufa, ya ɗago ta ta sha iska, ya sake tsomawa. Iskar nan ce take mai da launin ya zama shuɗi. Yawan tsomawa shi ne yawan duhun launi. In an gama, sai a kai wa mabuga, su yi ta bugu har tufa ta yi sheƙi. Mata kuma su ne gwanayen ɗaure yadi da zare kafin a rina, don zane ya fito.

Ku lura da abu ɗaya. Baban nan daga ina yake zuwa? Daga gona. Audugar da aka kaɗa aka saƙa fa? Ita ma daga gona. Ashe arzikin wannan hanya da hannun mutanen ƙauye aka tara shi. Wani Bature matafiyi ɗan ƙasar Jamus, mai suna Barth, ya zo Kano a 1851. Ya rubuta cewa tufafin Kano suna kaiwa har Tambutu da Tarabulus. Buzaye ma sun daɗe suna sayen turkuɗi don rawani.

In ka ci gaba da tafiya, za ka wuce Asibitin Murtala, wanda a da ake kira Asibitin Birni. An sa masa sunan Janar Murtala Muhammad, shugaban ƙasa ɗan Kano da aka kashe a 1976. Daga nan sai Masallacin Juma'a. Ginin da muke gani yanzu an buɗe shi a 1951, zamanin Sarki Abdullahi Bayero. In ka zagaya ta Ƙofar Kudu, ga Gidan Makama nan, inda ake ajiye kayan tarihi. Kowa yana iya shiga ya gani.

To, jama'a, akwai abin damuwa. Ramukan rini da yawa sun bushe, ba mai aiki a cikinsu. Yadi mai araha daga ƙasashen waje ya cika kasuwa, rinin zamani kuma ya fi sauri. Ganuwar ma ta zube a wurare da dama. Sana'a ba ta rayuwa sai da mai saye da mai koyo.

Me za mu yi? Wanda Allah ya hore masa, ya sayi rinin gida. Wanda ya shiga birni da yaransa, ya tsaya ya nuna musu marina, gani ya kori ji. Sannan ga aikin da ya fi kusa da ku. Kowane ƙauye yana da tsohuwar hanya, da rijiya, da maƙera, da kuka mai suna. Ku je wurin tsofaffi tun suna raye. Ku tambaye su wa ya haƙa, wa ya dasa, wa ya fara zama. Ku rubuta a littafinku, ko da layi biyar ne, ku kawo wa malaminku a karanta a aji.

Allah Ya ƙara mana ilimi mai amfani.